Ranar da Baba Ya Yi Shiru a Bayan Liman

Mahaifina, Malam Nata'ala, igiya yake tufkawa. A Ɗanzomo idan ka tambayi gidan Nata'ala Mai Igiya za a nuna maka, amma idan kana son a yi saurin gane wanda kake nufi, sai ka ce "na bayan liman". Sana'ar farko ita ta ciyar da mu. Ta biyun ba ta taɓa kawo ko ƙwayar gero gida ba, amma da za a ce Baba ya zaɓi ɗaya, na san da mun sha yunwa.

Tsofaffin buhuna yake saye, ya warware su zare-zare, ya zauna a zaure ya maƙala bakin igiyar a babban yatsan ƙafarsa, yana tufka yana hira da duk wanda ya shigo. Ranar Alhamis ya ɗaure kayansa a bayan babur ya nufi karar dabbobi ta Maigatari, inda Fulani da Buzaye da mutanen Damagaram suka san shi. Hannunsa ba ya bukatar idonsa, don haka kansa kullum a sake yake, kuma abin da ya zaɓa ya cika kan da shi shi ne kuskuren mutane.

Ba wai yana neman laifin kowa ba ne. Da ma faɗa yake yi, da ya fi mana sauƙi. Idan mahaifiyarmu, Inna Rakiyya, ta zuba gishiri sau biyu a miya, Baba ba zai ɓata rai ba. Zai shanye miyarsa tas, sannan ya gyara zama ya fara tambaya. Wa ya yi sallama lokacin da take girkin? Ta zuba na farkon ne kafin a kira ta ko bayan ta dawo? Me take tunani? Inna takan ce ita dai ta roƙe shi ya zage ta kawai kamar mazan mutane, a wuce wurin.

Daga irin waɗannan tambayoyin ya tara abubuwan da yake faɗa mana. Ya ce mutum ba ya cika yin kuskure a abin da yake masa wuya, a abin da ya iya yake yi. Sabon direba ba ya wuce mararrabar da aka aike shi, saboda idonsa na kanta tun daga nesa. Tsohon direban da ya saba zuwa Gumel kullum shi za a aika Gagarawa, sai ya farga ya ga kansa a tashar Gumel. Ya ce yawancin ayyukanmu ba mu muke yin su ba, sabo ne yake yi, mu kuwa muna can wani wuri. Ya taɓa sauya wa akuyarmu turke, washegari shi da akuyar suka haɗu a tsohon wurin, yana riƙe da dusa, kowa na kallon ɗan'uwansa. Ya fi mako yana ba da wannan labarin, yana jin daɗi kamar an yi masa kyauta.

Batun bayan liman kuwa ga yadda yake. Idan liman ya yi rafkanuwa a salla, ya tashi inda ya kamata ya zauna, ko ya zauna inda ya kamata ya tashi, masu binsa sukan ce "Subhanallahi" don su tuna masa. Kowa yana iya faɗa. Amma a ƙaramin masallacin unguwarmu, tun kafin a haife ni, Baba ne yake riga kowa. Bai taɓa makara wajen faɗa ba, bai kuma taɓa faɗa ba bisa kuskure ba. A hankali sauran suka bar masa. Da tsohon liman ya rasu, ɗansa Malam Abdulƙahhar ya gaji limanci, ya kuma gaji Baba. Ko Baba ya tsaya alwala har aka ta da iƙama, sai a bar masa gurbinsa daidai bayan liman, ba mai shiga. Bai taɓa cewa yana alfahari da wannan ba, amma mu da muke gida mun san yadda yake gyara hula idan zai fita.

Abin ya faru da kaka, ana tsakar yankan riɗi, ranar wata Laraba da La'asar. Ni lokacin na zo wankan gida daga Gumel da jaririyata Murja. Ba na masallacin, amma an ba ni labarin ta bakuna da yawa har na haddace shi. An yi raka'a huɗu, saura zaman tahiya a yi sallama. Sai liman ya miƙe. Baba ya miƙe. Sahun farko ya miƙe, na biyu ya bi, masallaci gaba ɗaya ya tsaya ƙyam ana raka'a ta biyar. Mutum ɗaya ne kawai ya ci gaba da zama a can ƙarshen sahu, wani Bafulatani baƙo mai suna Sajo, wanda ya koro shanu zai kwana a gari ya wuce kasuwar Maigatari. Waɗanda suke kusa da shi sun ce sun ji ya yi tasbihi, amma ƙasa-ƙasa, kamar mai magana da rigarsa.

Da aka yi sallama, Sajo ya ɗan jira, sannan ya ce wa liman cikin ladabi, Allah ya gafarta Malam, shi dai a ganinsa kamar biyar aka yi. Ba wanda ya kalli Sajo, ba wanda ya kalli liman. Duk masallacin Baba aka juyo aka kalla. Baba ya ce huɗu aka yi, kuma ya faɗa da cikakkiyar natsuwa. Da maganar ta mutu a nan, ba don Bilal mahauci ba. Bilal ya ce shi raka'a ɗaya ta wuce shi kafin ya shigo, yana shirin tashi ya rama, sai ya lissafa ya ga ai huɗu ya samu tare da liman. To ina ta huɗun ta fito?

Liman ya yi sujadar ba'adi, aka bi shi. Sannan ya yi wa jama'a bayani: wanda ya tashi cikin mantuwa ko kokwanto, sallarsa ta yi, amma wanda ya tabbata ƙari ne kuma ya tashi duk da haka, sai ya sake. Aka watse.

Baba ya shigo gida ya wuce igiyarsa a zaure kamar bai santa ba. Washegari Alhamis bai je Maigatari ba, abin da ko zazzaɓi bai taɓa sa shi ya yi ba. Masallaci kuwa bai daina zuwa ba, sai dai ya koma sahun baya, kusa da takalma. Inna ta ɗauka kunya ce, ta ce ya je ya sha iska, wanda ya shekara yana binciken gishirin mutane yau an binciki nasa. Ni na san abin ya wuce kunya. Mahaifin Baba da ya tsufa kansa ya ruɗe, har yakan ɗauki iri ya tafi gona shuka da tsakar rani, sai an bi shi an dawo da shi. Baba ne yake bin sa. Tsoron da ya kama shi ke nan, cewa abin ya zo kansa, kuma ta masallaci ya fara.

Sunan mahaifiyarsa aka sa mini, don haka Iya yake kirana. Wata safiya ina shanya kayan Murja ya kira ni.

"Iya, ba tashin da na yi ne ya dame ni ba," ya ce. "Kowa yana rafkana. Da aka tambaye ni na ce huɗu, kuma wallahi huɗun nake gani a zuciyata, sarai. Idan kan mutum zai yi masa ƙarya da irin wannan natsuwar, ta yaya zai gane ranar da yake faɗa masa gaskiya?"

Tausayinsa ya kama ni sosai, don ban taɓa ganin Baba yana tsoron wata tambaya ba.

Amma hali ba ya barin mai shi. Kafin mako ya zagayo, son sani ya fara cin ƙarfin tsoro. Ya ce shekara da shekaru yana tambayar mutane yadda aka yi suka yi kuskure, ga babba ya faɗo a gabansa, mutum cike da masallaci, kuma ya zauna yana jimami? Ya sa hula ya fita, ya fara bin mutane ɗaya bayan ɗaya.

Ya fara da Abdulganiyu ɗan acaɓa, wanda yake tsayawa a damansa a sahu. Abdulganiyu ya yi ta kame-kame, daga baya ya faɗi gaskiya. Ya ce shi ya san an yi huɗu, har ya shimfiɗa ƙafa zai zauna. Sai ya ga Baba ta gefen ido yana miƙewa, bakinsa a rufe, sai ya ce a ransa lallai ni ne na ɓata lissafi. Baba ya tambaye shi, to kai tabbas kake da shi ko kokwanto? Abdulganiyu ya ce tabbas ne har zuwa lokacin da ya kalle shi, daga nan ya zama kokwanto. Ya ce shi ma ya rasa ɓangaren da zai sa kansa a bayanin liman, shi ya sa da ya koma gida ya sake sallar a ɗaki ba tare da ya gaya wa kowa ba.

Ashe ba shi kaɗai ba ne. Baba ya sami wasu da dama da suka sake tasu a ɓoye, kowa yana zaton shi ɗaya ne. Sauran kuwa suka ce masa, ba tare da wani nauyin baki ba, su sun daɗe da daina ƙirga raka'a a wannan masallacin. Don me za su ƙirga alhali yana nan? Wani ma cewa ya yi idan ya je wani gari yakan lura sosai, amma a gida sai ya saki jiki. Suna faɗa ne don su faranta masa. Baba ya dawo gida jikinsa a sanyaye, amma idonsa na ƙyalli. Ya ce wa Inna ashe ana iya zare wa mutum abin da ya sani ta wutsiyar ido, ba tare da an ce masa komai ba.

Da ya je wurin liman, Malam Abdulƙahhar bai ɓoye masa komai ba. Ya ce a sujadar ƙarshe kokwanto ya zo masa, uku ce ko huɗu. Sai ya fara tashi a hankali, ya kasa kunne baya yana jiran muryar Baba. Da ya ji shiru, sai ya miƙe da ƙarfinsa. Baba ya ce masa ai kuwa shi bayan Malam yake bi da ido, da ya ga ya miƙe ba gargada sai ya miƙe. Suka zauna suna kallon juna. Baba ya ce mini sun yi kama da mutum biyu da suka ɗauko buhu, kowa ya sassauta hannu yana zaton ɗayan ya riƙe.

Inna ma tana da nata bayanin, kuma ba ta yarda a raina shi ba. Ta ce shekarun nan ba Baba ne yake ƙirga raka'a ba, gwiwarsa ce. Gwiwar hagu takan fara yi masa zugi a ta uku, ta huɗu kuwa sai ta yi kamar wuta, sai ya san an zo ƙarshe. Ni kuma na kawo masa wani man zafi daga Gumel, ranar ya shafa, gwiwa ta yi barci, mai ita ya bi ta. Muka yi dariya, amma Baba bai yi ba. Ya ce zancen abin dubawa ne. Ya daina shafa man don ya gwada, ya yi ta ɗingishi yana lura da kansa a salla. Abin da kawai ya gano shi ne gwiwarsa tana ciwo, kuma mai lura da gwiwa ba ya jin karatu.

Saura Sajo. Baba ya ɗaure igiyoyinsa ya koma Maigatari, ya bar su wurin maƙwabcinsa na rumfa, ya shiga kara yana cigiya har ya same shi. Ya tafi da zaton zai tarar da mutum mai kai na daban. Sajo ya yi dariya ya ce shi da yake salla shi kaɗai a daji, rafkanuwa abokiyar zamansa ce, musamman idan shanu sun doshi gonar mutane. Sai dai tunda ba mai ƙirga masa, ya saba riƙe lissafinsa da kansa. Baba ya ce to da ka ga kowa ya tashi, me ya zaunar da kai, kuma me ya hana ka ɗaga murya? Sajo ya ce muryar dai kunya ce, baƙo a masallacin mutane, ga dattawa a gaba.

"Zaman kuwa, Baffa, don ban san ka ba ne," ya ce. "Sai bayan sallar aka ba ni labarinka. Da na san kai ne a wurin, da na tashi."

Wannan maganar Baba ya ɗauko ya kawo gida maimakon tsaraba. Ya ce wato mutum ɗaya da ya tsira a masallacin nan ya tsira ne don bai taɓa jin sunan Nata'ala ba. Abin da ya sa shi kansa ya rafkana kuwa, har yau bai gano ba. Ko gajiyar kaka ce, ko gwiwa, ko abin da yake tsoro. Ya bincika iyakar bincike, ƙofar nan ba ta buɗe masa ba.

Duk wannan lokacin gurbinsa a bayan liman yana nan a buɗe kamar wawulo, ba wanda ya yarda ya shiga. Liman ya zo har zaure ya roƙe shi ya koma. Baba ya ce zai koma, amma sai an bar shi ya yi wa jama'a magana. Inna ta so ta hana shi. Ta ce mutum ba ya tashi da bakinsa ya tona wa kansa asiri a gari, gobe ko gaskiya ya faɗa sai a ce ai tsufa ne. Baba ya ce ya sani.

Bayan wata Azahar ya miƙe. Ya ce musu ranar nan da ya ce huɗu, da zuciya ɗaya ya faɗa, kuma ba gaskiya ba ne. Ya ce bai san ko zai sake ba, kuma idan zai sake ba zai sani ba, don kuskure ba ya sallama. Ya ce mahaifinsa kowa ya san yadda ya ƙare, shi ma ba shi da tabbacin kansa. Sannan ya ce, "Ku daina jirana. Wanda ya ji ba daidai ba ya faɗa, ko da ni na yi shiru, ko da yaro ne shi, ko baƙo. Idan shi ne ya yi kuskure, ba a mutu ba." Ya koma gurbinsa ya zauna.

Abin da Inna ta ji tsoro ya ɗan faru. Wasu suka fara yi masa magana a hankali kamar mara lafiya, kuma a majalisa an rage cewa a tambayi Malam Nata'ala. Ya ji ciwon wannan, na gani a fuskarsa, amma bai janye ko kalma ɗaya ba.

Da damina ta zagayo na zo ganin gida, Murja har ta fara tafiya. Ina zaune a tsakar gida ina tsince zogale Baba ya dawo daga La'asar, ya ja kujera ya zauna kusa da ni, abin da ba ya cika yi ba. Ya ce yau liman ya manta zaman farko, ya yunƙura zai miƙe bayan raka'a biyu. Ya ce kafin gwiwar Malam ta bar tabarma, tasbihi ya tashi ta ko'ina, Abdulganiyu ta dama, Bilal ta baya, har da wata muryar da bai gane ba daga bakin ƙofa. Yana faɗa yana murmushi. Na ce masa ai kuwa sun riga ka ke nan, Baba.

"Ba rigana suka yi ba, Iya," ya ce. "Ni ban lura ba sam. Sai da na ji su."

Na ci gaba da tsinkar ganye. Ya ce ba komai, salla ta yi, abin da ake so ke nan. Sannan ya ce yana da roƙo ɗaya a wurina. A gida ma kada a yi masa kara. Idan na ga ya kauce, in faɗa masa a take, kada in tsaya duba cewa shi uba ne. Na ce to.

Inna ta kawo masa kunu ya sha. Ya ɗauki Murja ya yi mata wasa, ya tambayi lafiyar mijina da yadda geron wajen Gumel ya yi. Can ya ajiye ta, ya juyo gare ni fuskarsa a sake.

"Iya, kin san abin da ya faru yau a masallaci? Liman ya manta zaman farko."

Na kalli Inna, ta sunkuyar da kai tana juya ludayi a kwanon da ba komai a ciki. Babu abin da ya fi mini sauƙi irin in ce a'a Baba, me ya faru, in bar shi ya ba da labarinsa yana jin daɗi.

"Baba, ka gaya mini ɗazu," na ce.

Ya kalle ni. Sannan ya gyaɗa kai a hankali.

"Allah ya yi miki albarka," ya ce. "To faɗa mini, daga ina na fara, kuma me muke yi lokacin?"

Na ture faifan zogalen gefe, na fara ba shi labari tun daga shigowarsa.